Ɗan'uwa da Ɗan Uba cikin Waƙoƙin Yunanawan Dauri

Bahaushe in ya ce "ɗan'uwana", ba safai ya kan tsaya ya saurari abin da bakinsa ya furta ba. Kalmar kuwa kalmomi biyu ne aka harhaɗa, ɗa da uwa. Ta yi faɗi har ta rufe dangi duka, ta kai ga maƙwabci da abokin tafiya, amma tushenta bai ɓoyu ba. Abokiyarta "ɗan uba" ba ta sami wannan yalwa ba. Ita sai ta karkata wajen gasa da ƙyashi, har aka ciro 'yan ubanci daga jikinta. Yunanawan dauri ma sun bi irin wannan hanya a harshensu, kuma wanda ya riƙe haka a zuciya zai ga wasu abubuwa cikin manyan waƙoƙinsu waɗanda fassarar Turawa ta kan lulluɓe.

Yunananci yana cikin babban gidan harsunan nan da ya miƙe daga Indiya har ƙarshen Turai. A yawancin harsunan gidan, sunan namijin da aka haife ku tare asalinsa ɗaya ne: bhratar a Sansikiriti, frater a Latin, baradar a Farisanci. Yunanawa sun gaji kalmar, su ma suna cewa frater, amma a bakinsu ta bar ɗaki ta koma zaure. Ta zama sunan wanda ku ke ƙungiya ɗaya ta dangin uba, ƙungiyar da a ke gabatar da yaro gare ta don a shaida ɗan wane ne. Da gurbin ya zama wofi sai wata kalma ta cika shi, watau adelfos. An gina ta da a-, mai ma'anar "ɗaya" ko "tare", da delfus, mahaifa. Adelfos ke nan shi ne "ciki ɗaya". Masanin harsuna Emil Benveniste na Faransa ya bi diddigin wannan canji cikin littafin da ya fitar a 1969. Abin lura shi ne mutanen da ke bin nasaba ta wajen uba, da gado ta wajen uba, da suka tashi kiran mafi kusa da su sai suka kira shi da cikin uwa.

Mafi daɗewa cikin masu tsara salsalar allolin Yunan waɗanda aikinsu ya tsira shi ne Hesiyod, manomi kuma makiyayi daga ƙauyen Askara a ƙasar Boyotiya, wanda ya yi zamani wajen shekara ta 700 kafin Miladiyya. Waƙarsa Tiyogoniya, watau Haihuwar Alloli, layi 1,022 ce, tana ɗauke da sunaye wajen 300. Ba a ɓoye cewa kashi mai yawa nata jerin suna ne kurum, wance ta haifi wane da wane, kamar maroƙi yana jero kakannin sarki. Sunayen 'ya'yan Nerewus mata hamsin kaɗai sun ci fiye da layi ashirin, mai karatu na yau kuwa ya kan ƙosa. Amma duk inda jerin ya tsaya labarin sarauta ya shigo, labarin iri ɗaya ne, sau uku mawaƙin ya maimaita shi.

Na farko, Uranus, watau Sama, ya tsani 'ya'yan da Gaya, watau Ƙasa, ta haifa masa, duk wanda aka haifa sai ya tura shi cikin ƙasa, ya hana shi ganin haske. Uwar ta ƙuntata, ta ƙera lauje, ta tara 'ya'yanta ta nemi mai rama mata. Tsoro ya kama kowa sai autansu Kuronos, shi ya yi kwanto ya yanke wa uban gaba. Na biyu, Kuronos ya auri 'yar'uwarsa Reya, ya ji cewa ɗansa ne zai tuɓe shi, sai ya shiga haɗiye 'ya'yan ɗai-ɗai: Hestiya, Demeta, Hera, Hadis, Fosaidon. Da cikin na shida ya tsufa Reya ta kai kuka ga iyayenta, aka kai ta tsibirin Kirit ta haifi Ziyus a ɓoye, ta naɗe dutse cikin zanen goyo ta miƙa wa mijin, ya haɗiye. Ziyus ya girma, aka sa Kuronos ya amayar da abin da ya haɗiye, 'ya'yan suka haɗa kai suka yi shekara goma suna yaƙi da tsarar ubansu har suka ci.

A duka biyun, uba yana ganin ɗa magaji ne mai gaggawa, uwa ce ke kitsa dabara, auta ne ke zartarwa, kuma waɗanda suka amfana da juyin duk ciki ɗaya su ke. Wannan shi ne hannun Hesiyod cikin labarin, gama gangar jikin labarin ba tasa ba ce. A 1946 Hans Guterbock ya buga wata waƙa ta Hittiyawa, mutanen tsakiyar ƙasar da a yau a ke kira Turkiyya, wadda ta girmi Hesiyod da ɗaruruwan shekaru. A cikinta Kumarbi ya tuɓe Anu, allan sama, ya cije masa gaba ya haɗiye, daga nan ya ɗauki cikin allan hadari wanda zai tuɓe shi. Kamar ta fito fili. Sai dai cikin abin da ya tsira na waccan waƙa, rikici ne na fada, tsakanin sarki da mai ba shi abin sha, ba a ga wata uwa da ta ƙera makami ko ta ɓoye jariri ba. A hannun Hesiyod rikicin fada ya zama rikicin cikin gida.

Karo na uku shi ne ya fi wayo. Ziyus ya auri Metis, wadda ma'anar sunanta dabara ce. Gaya da Uranus suka gargaɗe shi cewa bayan 'ya mace za ta haifi namiji wanda zai yi mulkin alloli da mutane. Kakansa ya danne 'ya'ya cikin uwa, ubansa ya haɗiye 'ya'ya ya bar uwa, duka biyu suka faɗi. Ziyus ya gane inda haɗarin ya ke, ya haɗiye uwar da cikinta. 'Yar, Atena, daga baya ta fito ta kansa, ɗan kuwa ba a taɓa haihuwarsa ba. Daga nan waƙar ta jero sauran matansa, Temis, Yurinomi, Demeta, Nemosuni, Leto, sa'an nan Hera, da kuma Maya da Semele da Alkimena. Mai karatu Bahaushe zai ga abin da wannan jeri ya haifar ba sai an nuna masa ba. Afolo da Artemis 'yan ɗakin Leto ne, Aris ɗan ɗakin Hera, Hamis na Maya, Diyonisus na Semele, Herakilis na Alkimena. Manyan 'ya'yan Ziyus maza duk 'yan uba ne, babu wata uwa guda da za ta tara su a bayanta kamar yadda Gaya da Reya suka yi. Waƙar ba ta faɗi haka da baki ba, a cikin gininta abin ya ke. M. L. West, wanda ya yi wa waƙar sharhi a 1966, yana ganin abin da ya biyo bayan layi na 900 ba na Hesiyod ba ne, wani ne ya ƙara. In haka ne, to, wanda ya ƙara ɗin ya fahimci inda maigidan ya dosa. Abin da ya rage wa Hera shi ne kishi, har ta haifi Hefaistus ita kaɗai don ta rama haihuwar Atena, amma kishi bai taɓa tuɓe Ziyus ba.

Akwai wani ɗan abin dariya ga mai nazarin kalmomin dangantaka. Yunananci ya raba ɗan'uwan uba da ɗan'uwan uwa, patros da metros, kamar yadda Hausa ta raba baffa da kawu. A gidan Ziyus rabon ba shi da amfani, tun da Kuronos da Reya ciki ɗaya su ke. Masu ido ɗaya ɗin nan da suka ba shi tsawa da aradu baffanninsa ne kuma kawunnansa.

Hesiyod magini ne, amma ba ya sa mutum hawaye. Wannan sai Homa. A babi na 21 na Iliyad, bayan Hekta ya kashe Faturokulus, Akilis yana ta karkashe mutanen Turoyi a bakin kogi, sai ya yi kiciɓis da wani saurayi, Likawon ɗan Sarki Firiyam, ba kwalkwali, ba garkuwa, ba mashi. Ba yau suka fara haɗuwa ba. Akilis ya taɓa kama shi da dare a gonar ubansa yana saran reshen ɓaure don gyaran karusa, ya sayar da shi a tsibirin Lemnos, aka fanso shi, ya yi kwana goma sha ɗaya a gida, ran na sha biyu ga shi kuma a hannun mutumin nan. Yaron ya kama gwiwar Akilis da hannu ɗaya, ya riƙe mashinsa da ɗayan, ya shiga jero hujjoji. Ya tuna masa ya ci abincinsa, ya tuna masa kuɗin da ya samu a kansa, ya ce an riga an kashe wa uwarsa ɗanta guda, Folidorus. Hujjar da ya ajiye ƙarshe, wadda ya ke ganin ta fi nauyi, ita ce shi da Hekta ba ciki ɗaya ba ne. Kalmar da Homa ya sa a bakinsa homogastrios ce, daga gaster, ciki. Uwarsa Lawoto ce, 'yar Altes sarkin Leleges, ba Hekuba ba.

Nan ne fassarar da ta ce kawai "rabin ɗan'uwa" ta ke zubar da abin. Yaron ba lissafin jini ya ke yi ba. Cewa ya ke alhakin ɗakin Hekuba kada a ɗora wa ɗakin Lawoto, kuma yana sa ran maƙiyinsa zai gane wannan magana, domin kowa ya santa. Abin tausayi ne, abin kunya ne kuma, gama ya yi musun yayansa don ya tsira da rai, yayan da ke tsare birnin duka. Homa bai zarge shi ba, bai kuma wanke shi ba. Akilis ya amsa cewa babu ɗan Turoyi da zai tsira yanzu, balle 'ya'yan Firiyam. Watau shi ta wajen uba ya ke ƙirga. Ya kira yaron aboki, ya tuna masa Faturokulus ya mutu, shi ma kansa ranarsa tana tafe, sa'an nan ya sare shi tsakanin wuya da kafaɗa, ya kama ƙafarsa ya wurga shi cikin kogi. Ƙirga biyu suka haɗu a bakin ruwan nan, ta mai takobi ta rinjaya.

Homa bai bar zancen nan ba. A babi na 22 Firiyam yana kan ganuwa yana duban masu gudowa, bai ga 'ya'yan Lawoto biyu ba, ya ambace su da sunan uwarsu, amma ya ce baƙin cikinsu zai yi wa jama'a sauƙi muddin Hekta bai mutu ba. A babi na 24, gaban Akilis, ya ƙirga 'ya'yansa maza hamsin, ya ware goma sha tara ya ce su ciki ɗaya ne, sauran matan gida suka haifa masa. A wannan babin kuma Afolo, yana sukar Akilis gaban alloli kan wulaƙanta gawar Hekta, ya ce mutum ya kan rasa wanda ya fi aboki kusa, ɗa ko ɗan'uwa na ciki ɗaya, ya yi kuka ya haƙura. Ya kamata a riƙe wannan maganar ta Afolo, za a bukace ta gaba.

Sai dai kada kamar ta ruɗi mai karatu. Firiyam sarkin Asiya ne mai mata da yawa. Jarumawan Yunan mace ɗaya su ke aure, sauran ƙwaraƙwarai ne ko ganimar yaƙi, ɗan irin waɗannan kuwa notos a ke ce masa. Wanda ya fassara shi da "shege" ya yi nauyin hannu, gama an san ubansa, a gidan uban ya ke girma. "Ɗan sa-ɗaka" ya fi kusa, amma shi ma bai zauna daidai ba, domin a ƙasar Hausa ɗan sa-ɗaka yana gadon ubansa har ya hau gadon sarauta, notos kuwa kullum yana ƙasa da ɗan matar aure. Kuma 'yan uba a Iliyad ba sa yi wa juna 'yan ubanci. Tukuros notos ne na Telamon, amma a babi na 8 yana harbi daga bayan garkuwar yayansa Ayas, ya leƙo ya saki kibiya ya koma, Homa ya kamanta shi da yaro mai gudu wurin uwarsa. A wurin Homa bambancin uwa tazara ya ke kawowa, ba lalle gaba ba.

Wanda ya ɗauki tambayar ya kai ta gaban shari'a shi ne Eskilus, cikin wasanni uku da a ke kira Orestiya, waɗanda aka nuna a birnin Atina a shekara ta 458 kafin Miladiyya, suka ci na ɗaya. Agamemnon ya yanka 'yarsa Ifijeniya don jiragensa su sami iska. Matarsa Kilitemnestira ta jira shi shekara goma ta kashe shi. Ɗansu Orestis, bisa umurnin Afolo, ya kashe uwar. Sai Eriniyes, tsofaffin mata masu bin haƙƙin jini, suka bi shi har Atina, inda Atena ta kafa majalisar dattawan gari su yanke hukunci. Orestis ya tambaye su don me ba su bi uwarsa ba sa'ad da ta yi nata kisan. Suka ce miji ba jinin matarsa ba ne. Ya tambaya ko shi jinin uwarsa ne. A nan Afolo ya kawo hujjarsa sananniya, cewa wadda a ke kira uwa ba ita ce mahaifiya ba, mai renon iri ce kawai, kamar baƙuwa da aka ba ajiya, namiji ne ke haihuwa. Shaidarsa Atena, wadda ba ta kwana cikin mahaifa ba. Atena ta ba Orestis ƙuri'arta a kan wannan dalili, aka ƙirga ƙuri'u suka zo daidai, aka sallame shi.

In a matsayin hujja za a auna maganar Afolo, ba ta da nauyi. Ta dogara ga misali ɗaya tak, misalin ma an yi masa kwaskwarima, domin ba a ambaci Metis ba ko sau ɗaya, alhali masu kallo sun san Hesiyod tun suna yara. Afolon da ke musun ciki shi ne wanda Homa ya sa ya auna kusanci da ciki, shi ne kuma mawaƙa ke yi wa kirari da ɗan Leto. Kowane mai kallo a wurin yana kiran ɗan'uwansa adelfos. Tambayar ita ce ko Eskilus bai ga raunin ba ne. Alamu sun nuna ya gani. Ya sa Eriniyes sun tunzura Afolo da zancen Ziyus ya ɗaure ubansa Kuronos, har ya fusata ya zage su, mai gaskiya a hannu kuwa ba ya bukatar zagi. Ya sa ƙuri'un sun rabu biyu, masana ma har yau suna gardama ko ta Atena ce ta daidaita su ko ita ce ta raba gardama, in kuwa na farko ne, to, mafi yawan dattawan ba su yarda da Afolo ba. Mafi girma duka, wasan bai ƙare da hukuncin ba. Kusan rubu'insa na ƙarshe Atena ce ke lallashin Eriniyes, tana yi musu alkawarin mazauni da girma a birnin, ba ta kuma sake ɗauko hujjar Afolo ba. Eskilus har ya canza musu asali. Hesiyod ya ce daga jinin Uranus suka fito, shi kuwa ya mai da su 'ya'yan Dare, masu kiran uwa kaɗai. Ya tsayar da mai uba ba uwa gaban masu uwa ba uba, ya sa dole su zauna gari ɗaya. Ƙarfin wasan yana cikin wannan zama ne, hujjar Afolo tsani ce kawai aka taka.

A 1861 Yohan Bakofen na Suwizalan ya karanta Orestiya ya ce tarihi ne a ɓoye, wai da can mata ke mulki kuma ta wajen uwa a ke bin nasaba, wasan yana tuna ranar da maza suka ƙwace. Engels ya ɗauki ra'ayin ya yaɗa shi, wasu kuma suka riƙa kawo kalmar adelfos shaida. Ba a sami wata shaidar tarihi da ta tabbatar da wannan mulkin mata a Yunan ba, kuma Hausa tana da abin cewa game da shaidar kalmar. Bahaushe da sunan ubansa a ke kiransa, gidan uba ya ke gada, duk da haka ɗan'uwa ya ke cewa. Ko me aka ce game da magajiyoyin Daura na dauri, ba sai an je can ba kafin a gane dalilin da kalmar ke raye a yau. A gida mai ɗaki uku ko huɗu, uba na kowa ne, sabo da haka ba ya bambanta kowa. Uwa ce ke bambantawa. Haka frater ta yi, da ta yalwata har ta rufe duk mai kaka ɗaya ta wajen maza, sai aka bukaci wata kalma don na kusa, aka same ta a ciki. Yawan ƙarfin dangin uba ne ya haifi adelfos.

Dokokin Atina kansu sun nuna mutanen ba su tafi gida da hujjar Afolo ba. A birnin an yarda mutum ya auri 'yar ubansa in uwa ba ɗaya ba ce, Fulutak ya ba da labarin ɗan Temistokilis da ya yi haka, amma wadda suka fito ciki ɗaya haramun ce gare shi. Da uwa mai ajiya ce kawai, da dokar a juye ta ke. Shekara bakwai kuma bayan wasan, a 451, Ferikilis ya kawo dokar da ta ce ba mai zama ɗan gari sai wanda ubansa da uwarsa duka 'yan Atina ne. Dokar ta komo kansa. Annobar da ta faɗa wa birnin a 430 ta kashe 'ya'yansa biyu na aure, wanda ya rage masa shi ne ɗan da Asfasiya, mutuniyar Militus, ta haifa masa, notos a idon dokar ubansa. Sai da Ferikilis ya roƙi jama'ar gari, suka yi masa izini na musamman, kana aka rubuta yaron cikin ƙungiyar dangin ubansa aka ba shi sunansa.